Ɓarawon da Ya Gyara Bango

Ranar da Malama Adawiyya, ungozomar da aka turo Wurno, ta zo duba sabon ɗakin haihuwa da mutanen unguwa suka gina da karo-karo, a ranar aka gano satar. Ginin ya haura shekara a kulle saboda rashin gadaje da rashin ma'aikaciya. Mai gadi ya buɗe mata ƙofa, ta wuce ɗakin farko, ta shiga na ƙurya, sai ta tsaya cak. Inda ya kamata ta ga tagogi biyu na gilashi, ramuka biyu ta tarar. Ganyen dawar gonar da ke bayan ginin yana leƙowa ta cikinsu, tsuntsaye kuma sun ɓata daɓen.

Kafin hantsi ya dubi ludayi Sufeto Jelani ya iso. Dattijo ne a cikin 'yan sanda, furfura ta cinye masa gemu, ritaya kuma ta matso. An san shi a Wurno da cewa magana ba ta kwana a hannunsa, shi ma yana alfahari da wannan shaida.

Ya zagaya bayan ginin ta cikin dawa. Babu ɓarɓashin gilashi a ƙasa, babu tsaga a bango. Sawu kuwa ruwan ƙarshen damina ya riga ya share shi. Ya auna ramukan da tef, ya ga bakinsu sumul kamar ba a taɓa kafa komai a ciki ba. Ya lura simintin gefen ya ɗan fi sauran duhu, amma bai tsaya a kai ba.

Alhaji Mujaheed, shugaban kwamitin ginin, yana tsaye yana fifita da hularsa, ransa a ɓace.

"Sufeto, wagga magana ba ta da tsawo," in ji shi. "Dubi aikin da idonka. Wa ka iya cire taga hakanga in ba wanda yas sa ta ba?"

"Wa yas sa ta?"

"Wani yaro na Rabah, Zaharaddeen. Tun hwarko nic ce a tahi birni a ɗauko manya, anka ce a taimaki na gida. To ga taimako nan. Ka san abin da alminiyam yak kai yanzu? Kuɗin da munka sa tagogin ga duka, yau biyu ba za su samu ba."

Jelani ya juya. Ya kira mai gadi, Bilyaminu, wani ramammen mutum mai yawan murza hannuwa.

"Yaushe rabonka da bayan ginin ga?"

"Tun da dawa tat tashi, ranka shi daɗe. Macizai."

"Kullum kana nan?"

"Da dare ina nan. Da rana kam... hatsina ya nuna, nikan ɗan leƙa gona."

"Ka ga wani baƙo shina yawo nan?"

"Wallahi ban ga baƙo ba."

Aka duba gidan Bilyaminu. Ɗakuna biyu ne na laka, tagarsu ba ta wuce tafin hannu biyu ba, kuma babu abin da aka samu sai damman gero. Mutumin da yake tsoron shiga dawa saboda maciji, Jelani bai ga alamar zai iya ɗaga taga mai nauyi shi kaɗai ba. Ya sallame shi.

Washegari ya nufi Rabah, kuma ranar ta dace da cin kasuwa. Shagon Zaharaddeen yana bakin hanya, sandunan alminiyam a jingine, injin yanka yana kuka. Saurayi ne da ya koyi sana'ar a birnin Sakkwato, ya dawo gida a daidai lokacin da mutane suka fara gajiya da tagar kwano, wadda take mayar da ɗaki tanda da rana. Kowa ya samu hali sai ya ce a sa masa ta gilashi mai duhu, mai mayar da zafin rana baya, da raga ta hana sauro, yadda ƙaramar fanka ta sola za ta wadatar da ɗaki. Kasuwa ta fara buɗe wa yaron, har ya ɗauki masu taya shi.

"Kai na kas sa tagogin ɗakin haihuwa na Wurno?"

"Ni na, Baba Sufeto. Lahiya?"

"Biyu sun ɓace."

Zaharaddeen ya kashe injin. "Inna lillahi. Waɗanne?"

"Kai za ka hwaɗa min. Ina kake tun makon jiya?"

"Nan, da Goronyo, da Lahodu. Aiki ko'ina. Wata rana ina kan hanya tun sahe har magariba."

"Wa ka shaidarka?"

"Wanda niy yi ma aiki, ko wane."

"Wanda yac cire su bai hwasa gilashi ba, bai karya bango ba. Ya san inda kusoshi suke."

"Baba, in na cire su, mi za ni yi da su? Ni da ka yanka sabuwa kullum?"

"Sabuwa da tsada ta kake yankawa. Wagga kyauta ta. Rufe shago mu tahi."

Yaron ya dubi mutanen da suka fara taruwa, masu albasa da masu babura. Ya rage murya.

"Don Allah, Baba, ka tahi, ni biyo ka da ƙahwata. Akwai mai makarantar da yab ba ni tagogin sabon gininshi gaba ɗaya, jibi za mu hwara. In anka gan ni cikin motarku, aikin nan ya tahi."

Jelani ya ji roƙon, amma ya ɗauke shi a matsayin dabarar mai neman sulalewa. A gaban kasuwa aka sa Zaharaddeen a bayan mota, aka kai shi Wurno, aka ajiye shi a bayan kanta.

An bincike shagon da gidan mahaifinsa, ba a ga tagogin ba. Yaron kuma bai sauya magana ba, ko da aka juya masa tambaya ta kowace fuska. Jelani ya ce a ransa ya riga ya sayar da su, saura a gano wanda ya saya. Don haka ya tafi Achida wurin Bashar, wanda yake sayen tsofaffin ƙarafa yana kai wa masu zuba tukwane, yana kuma sayar da ƙofofi da tagogi na hannu. Duk abin da aka ɓalle daga gini a wannan yanki, in bai bi ta hannunsa ba, to ya ji labarinsa.

"Sufeto da kanshi! Yau wa niy yi ma laihi?" in ji Bashar yana dariya, yana share masa benci.

"Bincike zai nuna. An kawo maka tagogin alminiyam biyu, masu baƙin gilashi?"

"Da gilashinsu? Ai masu kawo min kaya ba su ɗaukar gilashi. Nan take suka hwashe shi, su lanƙwashe ƙarhen su sa buhu. Gilashi nauyi na, kuma mai tukunya bai son shi."

"In kuma don a sake sa su anka ɗauka?"

"To, wane awo?"

Jelani ya faɗa masa abin da tef ya nuna. Bashar ya karkata kai.

"Sake hwaɗi." Jelani ya sake faɗa. "Wanga ba awon kasuwa ba na. Mutane ƙahwa huɗu suka nema, ko uku, ko biyar. Wagga ta wuce uku, ba ta kai huɗu ba, ga wasu 'yan inci na ratayawa. Ko kyauta kab ba ni, sai ta shekara nan tana shan rana. Wa za ya rushe bangonshi don taga?"

"Ba a rage ta?"

"A rage ƙarhe, a sake yanka gilashi, a sake raga? Gara mutum ya yi sabuwa."

Jelani ya duba tarin kayan Bashar don cika aiki, bai ga komai ba. Amma a kan hanyar komawa maganar ta tsaya masa a ƙirji. Idan tagogin ba su da kasuwa, to mai sana'ar taga shi ne mutum na farko da zai san haka. Kuma mai neman kuɗi, da ya samu gini babu kowa, don me zai ɗauki biyu ya bar sauran?

Bai koma ofis ba. Ya wuce ɗakin haihuwa, ya sake shiga cikin dawa, ya tsaya gaban ramukan. Wannan karon ya sa hannu ya shafa simintin nan mai duhu. Ya kankare shi da mabuɗin mota, sai ga fentin ginin a ƙarƙashinsa. Wato sabon shafe ne, an yi shi bayan fenti. Ya bi gefen ramin da yatsa, ya gane abin da ya faru: an sassare bango kaɗan don a zare tagar, sa'an nan aka kwaɓa siminti aka cike inda aka sassara, aka goge shi da cokalin gini har kusurwa ta fita tsaf.

Ya daɗe a tsaye. A duk shekarunsa na aiki bai taɓa ganin ɓarawon da ya tsaya gyara ɓarnar da ya yi ba.

Ya jingina hannunsa a bakin ramin yana tunani, gwiwar hannu a kusurwa. Sai ya ga yatsunsa sun kusa kaiwa tsakiya. Ya sake ɗora hannun daga inda ya tsaya, ya rage ɗan wuri kamar na buɗe tafi. Kamu biyu da taƙi guda. Ya tuna yadda magina suke yi a zamanin ƙuruciyarsa, kafin tef ya shigo: da hannunsu suke awo, kuma kamun kowane magini daban yake da na ɗan'uwansa.

Ya ƙwala wa mai gadi kira.

"Wa yag gina wurin ga?"

"Baba Yari na Rimawa. Rabin unguwar ga shi yag gina ta."

"Da tef shika awo?"

Bilyaminu ya yi dariya. "Baba Yari? Cewa shikai tef na masu gajeren hannu na."

"Yaushe rabonka da shi?"

"Bai daɗe ba. Ya zo da a-kori-kura da katakai, yac ce za shi duba bangon baya, ruwa ya taɓa shi. Har ni nik kawo mashi ruwan kwaɓi kahin in tahi gona."

Jelani ya juyo ya dube shi. "Don mi ba ka hwaɗa min ba?"

"Ranka shi daɗe, baƙo kat tambaya. Baba Yari da gininshi?"

Da la'asar sakaliya Jelani ya isa Rimawa. Iska mai ɗumi tana tasowa daga fadama, sauro ya fara kuka tun rana ba ta faɗi ba. Ba sai da ya tambayi gidan sau biyu ba. Daga nesa ya hango wani ɗaki na bulo a cikin gidan laka, da tagogi biyu masu baƙin gilashi suna ƙyalli, sun zauna a bango kamar da su aka haife shi. Tsofaffin tagogin kwano suna jingine a gindin katanga.

Baba Yari yana zaune a ƙofar gida yana wanke cokalin gininsa. Dogon tsoho ne, hannuwansa dogaye, siminti ya cinye masa farce. Da ya ga kakin, bai tashi da sauri ba, bai kuma kawar da kai ba. Ya shimfiɗa tabarma. Suka gaisa gaisuwa mai tsawo, ta gajiya da iyali da damina. Daga cikin ɗakin ana jin tari mai nauyi, irin wanda yake fitowa daga ƙasan ƙirji.

"Wa ab ba lahiya, Baba?"

"Larai ta, uwar ɗiyana. Ƙirji. Tun bara."

"Allah shi ba ta lahiya."

"Amin." Tsohon ya ajiye cokalin. "Ba gaisuwa tak kawo ka ba, Sufeto."

"A'a, Baba. Tagogin can sunka kawo ni."

"Wa yah hwaɗa maka?"

"Babu wanda yah hwaɗa. Tagogin ba su shiga ramin kowa sai ramin da kab bari, don da kamunka anka yanke su. Wanda yaɗ ɗauke su, ɗaki gare shi da kag gina. Kuma biyu yaɗ ɗauka, bukatarshi ke nan, ba kasuwa ba. Da wannan kaɗai, da sai in bi gidajen da kag gina ɗaya bayan ɗaya. Amma wanda yac cire su ya koma ya shahe bango. Mai gida bai yin haka, mai taga bai yin haka. Sai mai bangon."

Baba Yari ya sunkuyar da kai, ya yi ɗan murmushin da babu daɗi a cikinsa.

"Na ɗora su mota, na juyo, sai nig ga bakin ramin awa bakin kare. Nic ce wani za ya wuce ya ce Yari yag gina wanga. Ban iya tahiya ba." Ya dubi ɗakin da ake tari. "Ɗana, in an rufe tagar kwano, ɗaki wuta, numhwashinta ya tsaya. In an buɗe, sauro da ƙura. Na tambayi kuɗin sabuwa, nij ji abin da ko na sai da akuyoyina bai kai ba. Ga waɗanga can, shekara guda suna kallon ɗakin da babu kowa. Nic ce aro na. In ta samu sauƙi, ko in Allah ya yi ikonshi, in maida su inda nic cire, babu wanda za ya sani."

"Ka roƙi Alhaji Mujaheed?"

"Ni da nig gina ɗakin da anka haihe shi? In tsaya ƙohwatai in ce ya ara min taga?" Ya girgiza kai. "Girman kai na. Na sani. Amma Allah shina gani, ban cuci kowa ba."

Jelani ya so ya haɗiye maganar, amma ba ta haɗiyuwa.

"An kama yaron da yas sa su, Baba. Zaharaddeen. Shina bayan kanta tun ranar kasuwar Rabah. Ni nik kama shi."

Tsohon ya ɗago. Can ya ce, "Ɗan Rabah? Mai ba ni goro in muna aiki?" Ya dafa ƙasa ya miƙe da ƙyar. "Tashi mu tahi yanzu. Ka sa ni inda kas sa shi."

A daren aka saki Zaharaddeen. Da safe Baba Yari ya tsaya gaban kwamiti ya faɗi abin da ya yi da bakinsa. Alhaji Mujaheed ya yi faɗa har muryarsa ta dushe, daga baya dattawa suka sa baki, aka janye ƙara bisa sharaɗin a mayar da kaya, domin an riga an sa ranar buɗe ɗakin haihuwa, kuma ba a kwantar da mai jego a ɗakin da babu taga. Tsohon da hannunsa ya cire su, Jelani yana tsaye a tsakar gida. Larai tana kwance ta juya fuska ga bango. Da aka mayar da tagogin kwano, ɗakin ya yi duhu, tarin ya dawo.

A wurin hukuma magana ta ƙare ke nan. Amma Jelani ya kasa zama. Ya nemi mai makarantar nan na Rabah, ya bayyana masa komai. Mutumin ya saurara da ladabi, sa'an nan ya ce ya riga ya ba wasu daga birni aikin, sun ma fara. Ya ƙara da cewa iyayen yara ba za su so a ce wanda ya kwana a caji ofis yana shiga da fita a makarantar ba, ko da kuwa an wanke shi.

Daga nan ya wuce shagon. Ya tarar da a-kori-kura a ƙofa, an ɗora sandunan alminiyam an ɗaure. Masu taya aikin babu ko ɗaya. Zaharaddeen yana kwance wayar injin yanka.

"Sannu da aiki," in ji Jelani.

"Sannu, Baba Sufeto."

"Ina zuwa haka?"

"Birni. Maigidana na da ya ce in koma ƙarƙashinai. Nan kam, wanda yac ce in zo in auna, yanzu cewa shikai sai ya yi shawara. Taga cikin ɗaki aka sa ta, Baba, inda matan mutum suke, da kayanshi. Wanda anka taɓa kira ɓarawo ba a kai shi nan."

"Za ni tsaya masallacin Juma'a in hwaɗa ma jama'a. Kowa za ya ji ba kai ba na."

"Allah shi saka da alheri. Hwaɗi." Ya naɗe wayar a hannunsa. "Amma ranar da kunka ɗauke ni, kasuwa duka ta gani, har da mutanen ƙauye da sunka koma gida da labari. Ranar da kunka sake ni, kurtu guda na yag gani, shi ma hamma shikai."

Jelani ya yi da-na-sani a ransa. Da ya tsaya ya shafa bangon nan tun ranar farko. Da ya bar yaron ya biyo shi da ƙafarsa, kamar yadda ya roƙa.

"Ya jikin matar Baba Yari?" Zaharaddeen ya tambaya.

"Da sauƙi, za a ce."

Saurayin ya shiga cikin shago, ya fito da wani naɗin raga, ya miƙa masa. "Saura na. Ka kai mashi ya buga bayan kwanon, ko sauro ya rage. Kak ka ce ni nib ba da."

Jelani ya karɓa, ya rasa inda zai sa idonsa. Zaharaddeen ya sunkuya ya kama gefe ɗaya na injin, ya gwada ɗagawa, ya fi ƙarfin mutum guda. Ya duba hagu da dama. Maƙwabtan shago kowa ya sami abin da yake dubawa a wani wuri.

"Baba, kama min nan."

Sufeto Jelani ya ajiye ragar, ya kama ɗaya gefen, suka ɗora injin a mota. Ya tsaya a bakin hanya har motar ta sha kwana.